Mayafin ma dutse ne

Masu ganin hoton mutum-mutumin da mai sassaƙa dutse Jago ya yi, mai suna Figlio Velato (wato “Lulluɓaɓɓen Ɗa”), sukan ɗauka ƙyalle aka jiƙa da wani sinadari, aka lulluɓe mutum-mutumin, ya daskare. Ba haka ba ne. Yaron da ke kwance da mayafin da ke kansa duk daga dunƙulen farin dutsen marmara guda aka sassaƙo su.

Jago, wato Jacopo Cardillo, ɗan Italiya ne, an haife shi a Frosinone a 1987. Abin da yake yi shi ne rage dutsen kaɗan-kaɗan: ya bar tudu inda ƙyalle zai tattare, ya shafe inda zai manne da hanci ko yatsun ƙafa, sannan ya yi ta gugar wurin har ido ya yarda akwai jiki a ƙarƙashi. Wannan ya fi sinadari ban mamaki, a ganina.

Jita-jitar ma tsohuwa ce. Haka aka faɗa kan lulluɓaɓɓen Almasihu da Giuseppe Sanmartino ya sassaƙa a Napoli a 1753. A birnin ne aka ajiye aikin Jago a 2019, cikin wani coci a unguwar Sanità.