Yadda na ƙara wa garin Malerkotla mutum dubu ɗari tara

Kwaɗayin nama ne ya kai mu Malerkotla, wani gari a jihar Punjab ta Indiya, bayan wata huɗu muna fama da miyar wake da gurasa a ɗakin cin abincin makaranta. Mu huɗu ne, har da wani Bazazzagi abokin karatunmu, muka hau bas daga Ludhiana, tafiyar da ba ta kai kilomita 50 ba. A hanya na karanta tarihin garin a wayata, kuma kafin mu sauka na riga na naɗa kaina malamin tawaga.

Mun tsaya shan shayi a wata rumfa kusa da kasuwa, inda wani dattijo Basikhe, wato mabiyin addinin Sikh, mai rawani da farin gemu yake zaune yana karatun jarida. Da ya tambaye mu cikin Turanci daga ina muke, maimakon in ce Najeriya in yi shiru, sai na gyara zama na fara ba shi tarihin garinsu. Na gaya masa cewa Shaihu Sadruddin, wanda suke kira Haidar Shaikh, shi ne ya kafa Maler a 1454, kuma Bayazid Khan ya gina Kotla a 1657, su biyun suka haɗu suka zama Malerkotla, ya gyaɗa kai. Na ce wajen kashi biyu cikin uku na mazauna garin Musulmi ne, abin da ba a saba gani ba a Punjab ta Indiya, ya sake gyaɗa kai. Wannan gyaɗa kai ne ya cuce ni, domin daga nan na ɗaga murya na sanar da cewa a ƙidayar 2011 an samu mutum miliyan ɗaya da dubu talatin da biyar a garin.

Dattijon ya ninke jaridarsa a hankali, ya cire tabarau, ya ce, "Ɗana, nuna mini inda ka gani." Na miƙa masa wayar da ƙarfin gwiwa, ga shi a rubuce, 1,35,424, har na ƙara masa bayanin cewa mai rubutun ne ya manta da sifiri ɗaya. Ashe malamin makaranta ne mai ritaya. Ya karɓi biro daga hannun mai shayi, ya zana lambar a gefen jaridar, ya koya mini, kamar ɗan aji biyu, cewa a Indiya bayan lambobi uku na ƙarshe ana sa waƙafi ne a kan kowace lamba biyu, saboda suna ƙirga da lak, wato dubu ɗari. Mutanen garin dubu ɗari da talatin da biyar ne da 'yan kai. Sauran dubu ɗari taran daga aljihuna suka fito.

Da a nan abin ya tsaya da na haɗiye. Amma Bazazzagin nan, wanda tun zuwanmu bai taɓa amfani da Indiyancin da ya koya a finafinai wajen rage mana ko rupi ɗaya a kasuwa ba, ranar sai bakinsa ya buɗe. Ya miƙe tsaye ya fassara wa mai shayi, ya fassara wa masu keke biyu da ke jiran fasinja, har da wani yaro da ya zo sayen madara, yana nuna ni da yatsa. Mai shayin ya leƙa waje, ya dubi titi hagu da dama, ya faɗi wata magana da Punjabi aka fashe da dariya, kuma Bazazzagin bai yi mini rowar fassara ba: wai yana tambaya ne ina sauran mutanen suke shan shayinsu. Wannan fa shi ne wanda na biya wa kuɗin mota.

Don in wanke kaina na koma kan labarin da garin ya fi shahara da shi, na ce ai Nawab Sher Muhammad Khan, sarkin garin na wancan zamani, shi ne ya ceci 'ya'yan Guru Gobind Singh, jagoran addinin Sikhawa. Fuskar dattijon ta canza. Ya ce ba a cece su ba: Wazir Khan, gwamnan Sirhind, ya sa an kashe Zorawar Singh da Fateh Singh wajen 1705, dukansu ba su kai shekara goma ba, kuma abin da Nawab ya yi shi ne miƙewa a fada ya ce wannan ya saɓa wa Musulunci. Saboda wannan magana, in ji shi, Sikhawa suka riƙe amanar garin, har a rabuwar Indiya da Pakistan ta 1947, lokacin da jini ya kwarara a Punjab, Musulmin Malerkotla suka zauna a gidajensu. Wannan karon babu wanda ya yi dariya, kuma na gwammace dariyar.

Dattijon ya hana mu biyan kuɗin shayi, ya yaga gefen jaridar ya ba ni. Mun dai ci naman, gishiri ya ɗan yi masa yawa. Bazazzagin ya sauya sunana a wayarsa zuwa Alhaji Miliyan, kuma har yau bai maido mini kuɗin motar ba.