Wahalar fakin ranar wasan kwando

Wallahi abin nan yana ci min tuwo a ƙwarya. Ka sayi tikitin wasan kwandon jami'a a nan Amurka, ka fito da wuri, amma duk wurin fakin na kusa an keɓe wa masu ba makaranta gudummawa, kai sai zagaye kake ta yi, masu riga mai ƙyalli suna ɗaga hannu wai gaba gaba, gaba ina? Ƙarshe wani ya karɓi dala 20 ya cusa ka kan ciyawar ƙofar gidansa, ka tako cikin sanyin Janairu da yara, yatsu sun ƙandare. Kafin ka zauna rabin farko ya kusa ƙarewa. Ka aje a gefen titi kuma su janye motar. Haba!