Asirin wa muke rufawa?

Sau uku ina rubuta wannan magana ina gogewa, don na san akwai masu cewa na tono abin da dattawa suka binne. Amma barin kashi a ciki ba ya maganin yunwa. Ba zan kama suna ba, ba zan faɗi unguwa ba. Abin da zan faɗa dai da idona na gani, da kunnena na ji.

Ina amarya muka zauna a wani gidan haya, iyali huɗu, rijiya ɗaya a tsakar gida. Maƙwabciyata na da yarinya 'yar shekara goma sha ɗaya, mai surutu kamar aku, kullum tana ɗakina tana taya ni tsintar shinkafa, tana kirana Anti Amarya. Wata rana bayan la'asar uwarta ta aike ta shagon bakin layi sayen magi da omo. Shiru, shiru. Da ta dawo ba ta yi kuka ba. Ta ajiye saƙon a kan tabarma, ta je ta raɓe jikin bango kusa da rijiya. Tafiyarta uwar ta fara lura da ita, sannan ta ga jini a bayan zanen.

Ni na hura wutar da aka dafa ruwan. Aka zuba bagaruwa da gishiri aka zaunar da ita a ciki, tana cije leɓe, ta riƙe hannuna har farcenta ya shiga fatata. Ni na wanke zanen da wandon, na shanya su a bayan ɗaki inda ido ba zai kai ba. A zuciyata taimako nake yi. Sai bayan shekaru wata ma'aikaciyar jinya ta fahimtar da ni cewa a ranar, da hannuna na wanke shaidar da za ta tsaya wa yarinyar a gaban alƙali. Har yau abin na ci mini rai.

Bayan isha'i aka zauna a zaure. Mai unguwa, dattawa biyu, uban yarinyar, da yayan mai shagon. Shi mai shagon ba a ma kawo shi ba, wai ya yi tafiya. Mu mata muna laɓe a bayan ƙyaure. Na ji ɗaya daga cikin dattawan yana cewa, “Malam, ka yi haƙuri, ka rufa wa 'yarka asiri. In maganar nan ta kai ga 'yan sanda, gobe tana gidan rediyo. Wa zai aure ta?”

Uban ya daɗe bai tanka ba. Can ya ce, “Ranka ya daɗe, to shi fa?”

“Shi ka bar shi da Allah. Sharrin shaiɗan ne, kuma ɗan gidan mutunci ne, ga iyali.”

Aka ajiye naira dubu ashirin, kuɗin magani. Aka shafa fatiha. Kafin sati ya zagayo an cire yarinyar daga makaranta, tana aji biyar, an kai ta ƙauye wurin kakarta. Bayan sati biyu mai shago ya dawo ya buɗe shagonsa, ana yi masa sannu da zuwa. Uwar ta shigo ɗakina ta zauna a bakin gado, ta ce, “Amarya, ni aka yi wa, 'yata aka kora, shi kuma ga shi can yana ba da canji.”

Tun daga ranar nake tambayar kaina, asirin wa aka rufa a zauren nan? Na yarinyar dai ba a rufa ba, domin kafin gari ya waye babu gidan da bai ji ba. Mata na ƙus-ƙus a wurin niƙa, yara na nuna ƙofarmu. Wanda aka lulluɓe shi ne namijin. Shi ya riƙe sunansa, da shagonsa, da sahunsa a masallaci. Ita ta rasa makaranta, ta rasa ɗakin uwarta, ta rasa surutun nan nata.

Kada wani ya ce mini wannan halin Bahaushe ne kawai, ko kuma, kamar yadda wasu ke so, ya ce ai lalacewar Turawa ce ta shigo mana. Cutar ta game duniya. Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da ƙiyasi a 2021 cewa mace ɗaya cikin uku, wajen mata miliyan 736, ta taɓa shan duka ko cin zarafi ta hanyar lalata a rayuwarta, kuma mafi yawa daga hannun miji ne ko saurayi. Rahoton Majalisar Ɗinkin Duniya ya ce a 2023 kaɗai mata da 'yan mata kimanin 51,100 ne mazajensu, samarinsu ko danginsu suka kashe. Mace 140 ke nan kowace rana, kuma Afirka ce ta fi yawa, da wajen 21,700. Muna ta gargaɗin 'ya'yanmu su guji baƙo da lungu mai duhu, alhali galibi mai cutar ya san sunan yarinyar, ya san lokacin da uwarta ke fita unguwa.

Labarin da ya fi tsaya mini a rai daga Faransa ya fito, daga wani ƙaramin gari da ake kira Mazan. Gisèle Pelicot tsohuwa ce mai 'ya'ya uku da jikoki, ta yi kusan shekara hamsin da mijinta. Daga 2011 zuwa 2020 mijin nan yana zuba mata maganin barci a abinci, in ta fita hayyacinta sai ya kira mazan da ya samo ta intanet su yi mata fyaɗe a kan gadonta, yana ɗaukar bidiyo. Ita kuwa tana ta yawon asibiti, tana zaton ƙwaƙwalwarta ce ta fara taɓuwa saboda yawan mantuwa, shi ne ma mai raka ta. Asirinsa bai tonu ba sai da aka kama shi a wani kanti yana ɗaukar hoton ƙarƙashin siket ɗin mata, 'yan sanda suka bincika kwamfutarsa. Mutanen da aka gurfanar kuwa irin waɗanda ake gaisawa da su kullum ne: direban babbar mota, ma'aikacin kashe gobara, ma'aikacin jinya, ɗan jarida, soja, da yawansu magidanta.

Dokar ƙasarsu ta ba ta damar a yi shari'ar a asirce. Ta ƙi. Ta ce a buɗe ƙofar kotu, a faɗi sunanta, kowa ya gani, domin kunyar ba tata ba ce, ta masu laifin ce, can ya kamata ta koma. Wata uku da rabi tana shiga kotun Avignon fuskarta a buɗe, mata na jiranta a bakin ƙofa suna tafa mata. Ranar 19 ga Disamba 2024 aka samu maza 51 da laifi, mijin ya sha ɗaurin shekara 20. Ranar da na karanta hukuncin zaurenmu na tuna. Ba ina cewa a fito da fuskar ƙaramar yarinya duniya ta gani ba, Allah ya kiyaye. Sunanta a ɓoye shi, wannan haƙƙinta ne. Amma namu rufin asirin a juye yake: sunan yarinya na yawo bakin kowa, na mai laifi kuwa sai a ce kul, kada a ɓata shi.

Akwai karin maganar da na tsani jinta a irin wannan wuri, wai in ɓera da sata, daddawa ma da wari. Me ta saka? Me ya kai ta? Me ya sa ta yi masa dariya? Yarinyar gidanmu hijabi ne a jikinta har ƙasa, uwarta ce ta aike ta. Tsohuwar Faransa barci take a ɗakin aurenta. Ɗalibar da aka yi wa fyaɗe a cikin bas a Delhi ranar 16 ga Disamba 2012, ta rasu bayan kwana goma sha uku, gida za ta koma. A Kwanar Dangora ta jihar Kano, a watan Yuni 2020, 'yan sanda sun kama wani da suka ce ya yi wa mata arba'in fyaɗe cikin shekara guda, har da ƙananan yara da tsohuwa 'yar shekara tamanin, gidajensu yake haurawa da dare. Wane wari ke jikin tsohuwa mai shekara tamanin?

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne yadda ake jingina wannan shirun da addini. Sai a kawo hadisin nan na wanda ya suturta Musulmi Allah zai suturta shi. Hadisi ne ingantacce, ba mai musu. Amma Imamu Nawawi da ya yi sharhinsa ya bayyana cewa suturtawar da ake so ta mutumin da ba a san shi da cuta da ɓarna ba ce, wanda aka sani da su kuwa kai shi gaban hukuma ya fi, don rufa masa na ƙara masa ƙwarin gwiwa. Zunubin da ke tsakanin bawa da Ubangijinsa daban, haƙƙin yarinyar da aka keta daban, kuma babu dattijon da ke da ikon yafe shi a madadinta. A zamanin Manzon Allah (SAW) wata mata ta fito za ta sallah wani ya afka mata. Ihu ta yi, ta kuma faɗa wa mutanen da suka biyo ta wurin abin da aka yi mata, magana ta kai gaban Annabi. Bai tambaye ta me ya fitar da ita ba. Ya sallame ta da kyakkyawar magana, hukunci ya hau kan namijin. A Muwaɗɗa, wadda malamanmu ke karantarwa a zaurukan nan namu, Imamu Malik ya ce wanda ya tilasta wa mace zai biya ta sadaki, haddi a kansa yake, ita babu uƙuba a kanta. To daga ina muka samo fiƙihun dubu ashirin da fatiha?

Haka shirun yake bin mace har ɗakin aurenta. Ta zo gida da kumburarren ido, uwa ta gasa mata, uba ya ce kada ta kwana, zaman aure ɗan haƙuri ne. Ta yi yaji, a yi biko da goro, ba wanda ya tambayi mijin me ya sa ya ɗaga hannu. Haƙuri abu ne mai daraja, ni ma da shi nake zaune. Amma Nana A'isha ta shaida cewa Annabi bai taɓa dukan mace ko mai yi masa hidima ba, kuma shi ya ce mafi alherinku shi ne mafi alheri ga iyalinsa. Ban san dalilin da ya sa wa'azin haƙuri kullum kunnen mace yake nema ba.

Dokoki kam akwai su. An sa hannu a dokar hana cin zarafi ta VAPP a 2015. A watan Yuni 2020 gwamnoni sun ayyana dokar ta-ɓaci a kan fyaɗe, shugaban 'yan sandan Najeriya kuma ya ce an kai musu ƙarar fyaɗe 717 daga Janairu zuwa Mayu. A watan Satumba na shekarar Kaduna ta yi dokar dandaƙa da kisa ga wanda ya yi wa ƙasa da 'yar shekara 14 fyaɗe. Ban raina wannan ba. Sai dai alƙali ba ya hukunta ƙarar da ba ta zo gabansa ba, kuma yawancin ƙararrakin nan a zaure suke mutuwa. Na kuma san dalilin da ke sa talaka ja da baya: kuɗin mota, kuɗin takarda, ɗage zama yau da gobe, ga mai laifi an ba da belinsa yana wucewa ta ƙofarka. Uban yarinyar nan ba mugu ba ne. Mutum ne mai neman na yau, aka taru a kansa, babu ko ɗaya a zauren da ya ce masa, “Tashi mu je, ina tare da kai.” Da mai unguwa ya faɗi haka, da liman ya faɗi haka a huɗuba ko sau ɗaya, da labarin ya sauya.

Ga 'yan'uwana mata, abin da ban sani ba a ranar, ku ku sani. In Allah ya jarrabe ku da irin wannan, kada a yi wa yarinya wanka, kada a zaunar da ita a ruwan zafi, kada a wanke kayan jikinta. A naɗe su a takarda mai tsabta a tafi asibiti nan take. Akwai maganin da ke kare ta daga kamuwa da ƙanjamau, amma sai an fara shi cikin awa 72, kuma gara a fara tun a ranar. Takardar likita ita ce shaidar da ba ta jin tsoron kowa. A Kano akwai cibiyar Waraka, a Kaduna akwai Salama, aikinsu ke nan. Kafin duk wannan kuma, ki rungume ta ki ce mata kin yarda da maganarta, ba ta yi laifin komai ba. Mu ba mu faɗa wa tamu haka ba. Abin da muka yi ta nanata mata shi ne kada ta gaya wa kowa.

Mun daɗe da tashi daga gidan. Na ji an aurar da ita tana shekara goma sha huɗu, can a ƙauyen, ban sake ganinta ba. Watan jiya na koma tsohuwar unguwar gaisuwar rasuwa. Shagon na nan, har an ƙara masa firiji da rumfar kwano, mai shi ya yi furfura a gemu. Ina tsaye ina jiran adaidaita sai ga wata 'yar yarinya da ƙaramin hijabi ruwan toka, ta dunƙule kuɗi a hannu, ta nufi ƙofar shagon. Mai adaidaita ya tsaya, na ce ya wuce. Na tsallaka titi na tsaya a bakin shagon, inda zai gan ni, har aka miƙo mata sukarinta da canji ta fito. Na tambaye ta gidansu, na riƙe hannunta muka tafi, na yi sallama na ce ina son magana da mamanta.