Kafin mu zagi alƙali, wa ya naɗa mai gabatar da ƙara?

Duk lokacin da aka kama wanda ake zargi da kai wa 'yan bindiga bayanai ko man fetur, aka yi holinsa a Gusau, sannan bayan ɗan lokaci aka gan shi yana yawo a kasuwa, mutum biyu muke zagi: ɗan sanda da alƙali. Akwai na uku da ba mu cika ambata ba, alhali shari'ar a hannunsa take. Shi ne mai gabatar da ƙara. Alƙali ba ya yanke hukunci da hirar majalisa ko rubutun Facebook, sai da hujjar da aka ajiye gabansa.

To wa ke naɗa mai gabatar da ƙarar? A jiha, jagoran masu gabatar da ƙara shi ne Antoni Janar, wanda kuma shi ne Kwamishinan Shari'a. Sashe na 195 na kundin tsarin mulkin 1999 sharaɗi guda ya ƙara masa a kan sauran kwamishinoni: ya kasance lauya na aƙalla shekara 10. Gwamna ya zaɓo shi, ya aika sunansa majalisar dokokin jiha, a tantance shi, a rantsar. Shi ke nan. Ranar da gwamna ya ga dama ya sallame shi, ba sai ya nemi izinin kowa ba. A tarayya ma haka abin yake, sai dai can shugaban ƙasa ne da majalisar dattawa.

Sai ku dubi ikon da sashe na 211 ya danƙa wa wannan mutum. Yana iya shigar da ƙarar laifi a kan kowa, yana iya karɓe ƙarar da wani ya shigar, yana kuma iya janye ta a kowane mataki matuƙar ba a kai ga yanke hukunci ba. Tun 1983, a shari'ar wani mai suna Ilori, Kotun Ƙoli ta ce kotu ba za ta tuhume shi kan dalilin janyewar ba. Kundin ya ce ya lura da maslahar jama'a da adalci, amma shi ne mai aunawa. Jama'a, mutumin da kujerarsa ke hannun gwamna, ta yaya zai gurfanar da na hannun daman gwamna? Ko da waliyyi ne, an ɗora masa abin da ya fi ƙarfinsa. Ba da wata gwamnati nake ba. Da mai ci da waɗanda suka shuɗe duk da wannan tsarin suka yi aiki.

A ƙarƙashinsa akwai daraktan gabatar da ƙararraki da lauyoyin gwamnati. Waɗannan ma'aikata ne, ta hanyar aikin gwamnati ake ɗaukarsu, kuma da yawun Antoni Janar suke aiki. Su ake aika wa fayil idan laifin ya fi ƙarfin kotun majistare, kamar kisan kai ko fashi da makami, domin su ba da shawara ko akwai tuhumar da za a amsa. Kafin shawarar ta fito, wanda ake zargi yana tsare. In lauyoyin sun yi kaɗan, ko fayil ya kwanta a durowa, mai laifi da marar laifi tare za su tsufa a gidan gyaran hali suna jiran shari'a, shaidu kuma su watse, wasu ma an tashi ƙauyukansu.

A ƙananan kotuna kuwa, galibi ɗan sanda ne ke gabatar da ƙara. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta ce kowane babban ofishin yanki ya samu aƙalla ɗan sanda guda da yake lauya. Wanda ke Maru ko Zurmi ko Tsafe ya leƙa ya tambaya.

A 2022 Zamfara ta yi dokar da ta tanadi hukuncin kisa ga 'yan bindiga da masu ba su bayanai. Muka yi ta murna. Amma doka ba ta kai kanta kotu, sai an samu mai ɗaukar fayil ya tsaya a kai, ba tare da yana tsoron wayar da za a bugo masa da dare ba.

Ra'ayina shi ne a raba kujerun biyu. Kwamishinan Shari'a ya zama ɗan siyasa mai ba gwamnati shawara, ba laifi. Mai gabatar da ƙara kuwa a tallata gurbinsa, a tantance shi a bainar jama'a, a ba shi wa'adi tsayayye da kasafin kuɗinsa, kada a cire shi sai da babban rinjayen majalisa. Ba baƙon abu ba ne: kundin Kenya na 2010 ya ba nasu wa'adin shekara 8 sau ɗaya tak. Mu ma majalisar ƙasa ta taɓa amincewa da raba Antoni Janar da Ministan Shari'a, amma Shugaba Jonathan bai sa wa wannan gyaran kundi hannu ba a 2015.

Na san za a ce wanda ba ya tsoron kowa shi ma yana iya zalunci. Gaskiya ne, don haka a wajabta masa rubuta dalilin duk ƙarar da ya janye, ya kai wa majalisa rahoto kowace shekara. Gyaran kundi zai ɗauki lokaci, amma wannan tambayar 'yan majalisarmu za su iya yin ta tun yanzu: ƙara nawa ma'aikatar shari'a ta janye bara, kuma fayil nawa ke jiran shawara?