Ku daina cewa sun yaudare mu, mu ne muke zuwa da gaggawa

Wallahi na gaji da wannan saƙon muryar da ake ta turo mana a WhatsApp kan rigimar Nijar da kamfanin man Caina. Mutum ya zauna yana ta kumfar baki, wai Sinawa sun ci amanar Nijar, wai sun shigo da fuskar 'yan uwantaka ashe da wata a ƙasa. Amana? Wace amana? Ajiya aka ba su? Kamfani ne ya zo haƙar mai, ya taho da kuɗinsa da injinansa da lauyoyinsa, kai kuma ka zauna a gabansa ƙarshen wata ya matso, ma'aikata na jiran albashi. Sannan ka dawo kana mamakin wai bai ji tausayinka ba. Haba malam!

Ku tuna lokacin da aka karɓi kuɗin nan. Watan Afrilun 2024 ne, Nijar ba ta daɗe da fita daga takunkumin ECOWAS ba, baitulmali ya bushe, iyaka da Benin a rufe. A wannan halin aka sa hannu da CNPC, wato kamfanin man na Caina, kan rancen dala miliyan 400, a biya da ɗanyen mai cikin wata goma sha biyu, da ruwa kashi bakwai cikin ɗari. Ba a cika shekara ba, a watan Maris na 2025, Yamai ta sallami manyan jami'an Sinawa uku na harkar man, ana ƙorafin bambancin albashi tsakanin baƙi da 'yan ƙasa. Ƙorafin gaskiya ne, ban musa ba. Amma matatar SORAZ da ke Damagaram tun 2011 take aiki, kashi 60 na CNPC, kashi 40 na Nijar. Duk shekarun nan ina aka ajiye maganar albashin? Ranar da ake karɓar miliyan 400 wa ya iya buɗe baki ya ɗauko ta? Ba wanda zai iya, domin mai neman rance da gaggawa ba ya gindaya sharaɗi.

Abin da nake ta faɗa ke nan a shafin nan kuna cewa na cika kare su. Ɗan Caina da lokaci yake ciniki. Kafin ya tambaye ka nawa za ka biya, so yake ya san yaushe za ka tafi.

Duk wanda ya taɓa zuwa sari Guangzhou ko Yiwu ya san wannan. Za a aiko mota ta ɗauke ka daga masauki. A zaunar da kai, a dafa shayi ana zuba maka a 'yan ƙananan kofuna, kana shanyewa ana ƙarawa. A tambaye ka iyali, a tambaye ka kasuwar Kano, a nemo maka gidan abinci na Musulmi don kada ka ji ƙyanƙyami. Cikin hira, kamar da wasa, sai yarinyar da ke tafinta ta ce, "Oga, yaushe jirginka zai tashi?" Kai kuma da zuciya ɗaya ka ce Alhamis. Shike nan, ka gama cinikin da bakinka. Litinin za a zagaya da kai masana'anta kana kallon injina. Talata a ce mai gidan ya tafi wani gari. Laraba da yamma sai ga kalkuleta, a danna lamba a turo maka, ka goge ka danna taka ka mayar, a yi dariya a girgiza kai. Duk abin da ka roƙa, amsar ɗaya ce: sai an tambayi oga. Ogan nan kuwa ba za ka taɓa ganinsa ba sai an zo ɗaukar hoto. Da daddare kana tunanin kuɗin tikiti da na otal da bizar da ta kusa ƙarewa, ga waɗanda suka ba ka kuɗinsu a Kwari suna ta kira, sai ka ajiye kafin alƙalami na kashi talatin ka ce Allah ya sa albarka.

Wani abu kuma da mutanenmu suka ƙi ganewa. In ka matsa masa ya rage farashi har ya wuce inda zai ci riba, da wuya ya ce maka a'a. Zai yi murmushi ya ce ba matsala. Sai kwantena ta iso ka ga yadin ya fi samfurin da aka nuna maka sirantaka, ko zif ɗin jakar ya mutu a buɗewa ta uku. Ka kira shi kana faɗa, ya turo maka hoton takardar da ka sa wa hannu, babu inda aka rubuta nauyin yadi, babu inda aka rubuta irin zaren. Kai ka yi cinikin kuɗi, ka manta ba ka yi cinikin kaya ba. Daga nan sai a hau Facebook, kayan Caina jabu ne. To wayar iPhone da ke hannunka kana rubuta zagin, yawancinsu a can ake haɗa su. Abin da ka biya shi aka ɗinka maka.

Na san wani zai shigo ya ce ai wannan harkar 'yan tireda ce, gwamnati daban. Ina bambancin? A shekarar 1986 Sin ta nemi shiga tsarin cinikin duniya, ba ta shiga WTO, ƙungiyar ciniki ta duniya, ba sai Disambar 2001. Shekara goma sha biyar ana zama ana tashi, Amurka ta sauya shugabanni, su suna nan da takardunsu. Rasha ma, da ake cewa aminiyarsu ce, kusan shekara goma suka yi suna ja-in-ja kan farashin iskar gas. Yaushe aka sa hannu? Watan Mayun 2014, bayan Putin ya ƙwace Kirimiya Turawa sun juya masa baya, yana neman inda zai nuna wa duniya cewa yana da wata kasuwar. Nan ne ya je Shanghai aka ƙulla ta shekara talatin, ta kusan dala biliyan 400, farashin kuma aka ce sirrin kasuwanci ne. In Putin bai samu rangwamen abota ba, kai wane ne?

Mu dawo gida. Kun manta 2020, lokacin da wani kwamitin Majalisar Wakilai ya gano wani sashe a yarjejeniyar bashin dala miliyan 400 da aka sa wa hannu da bankin Exim na Sin tun 2018? Aka yi ta ihu an sayar da 'yancin Najeriya. Sashen nan na janye kariyar ƙasa idan aka je gaban masu sulhu abu ne da ake sakawa a yawancin basussukan kasuwanci, ba Sinawa suka ƙirƙiro shi ba. Abin kunyar shi ne sai bayan shekara biyu 'yan majalisa suka karanta. Abin da ya fi shi kunya kuma, Amaechi, yana ministan sufuri, ya fito yana roƙon a sassauta binciken kada Sin ta fasa ba da bashin layin dogo. A bainar jama'a! Wato ka hau rediyo ka sanar wa mai ba ka bashi cewa ba ka da wata ƙofa sai tasa. Ko dillalin raguna ya san bambancin wanda ya zo saura wata guda Sallah yana zagayawa hannu a baya, da wanda ya faɗo kasuwa ranar jajiberi da yara a mota suna jiran rago. Mu kullum 'yan jajiberi ne. Zaɓe ya matso, ana son a yanke zare a ɗauki hoto, a kawo biro kawai.

Su kuwa ba sa mantuwa, ba sa gajiya. Kamfanin Zhongshan da ya samu saɓani da gwamnatin Ogun kan yankin ciniki maras haraji, masu sulhu suka ba shi gaskiya a 2021, kuɗi wajen dala miliyan 70. Aka yi biris da shi, ana ganin zai haƙura. Ya bi kotu-kotu a ƙasashen Turai da Amurka a hankali, sai a watan Agustan 2024 muka wayi gari wata kotun Faransa ta ba da izinin riƙe jiragen fadar shugaban ƙasa uku. Nan ma aka ce yaudara ce. Wace irin yaudara ce ake aiko maka da sammaci shekara da shekaru?

Masu cewa Sin ba ta gindaya sharaɗi kamar Turawa, ku ma ku zauna. Ba za ta tambaye ka zaɓe ko 'yancin 'yan jarida ba, gaskiya ne. Amma tana da nata guda ɗaya da ba a taɓa shi, kuma tun kafin a zauna ake karɓar amsarsa: kada ka amince da Taiwan a matsayin ƙasa, don Sin na ɗaukar ta wani yankinta ne. A Janairun 2017 ministan harkokin wajen Sin, Wang Yi, ya zo Abuja, a wannan ziyarar aka sanar cewa ofishin Taiwan ya tattara ya koma Legas. Nijar ma ta taɓa komawa wajen Taiwan a 1992, ta dawo a 1996. Haka suke yi, su fara kafa abin da suke kira ƙa'ida, ka amince da ita cikin raha da tafi, daga baya duk inda ka so zillewa a tuna maka ai mun yi magana, tsohon aboki ba ya haka.

Yanzu in bar gatse in faɗi abin da ke ci mini rai da gaske. Ana iya zama da su a tashi da riba, an yi an gani. Mahathir na Maleshiya ya dawo mulki a 2018 yana da shekara 92, ya dakatar da aikin layin dogon da Sinawa ke ginawa, ya ce ƙasarsa ba za ta iya biya ba. Bai zage su ba, bai kori kowa ba, ya je Beijing da kansa aka yi masa tarba. A Afrilun 2019 kuɗin aikin ya sauko daga ringit (kuɗin Maleshiya) biliyan 65.5 zuwa 44, duk da an ɗan rage tsawon layin. Tsoho ne ya nuna musu zai iya kwana babu jirgin ƙasa, kuma ya bar musu hanyar sauka ba tare da sun ji kunya a idon duniya ba. Wannan na biyun mu ba mu iya shi ba sam. Ko dai mu durƙusa, ko mu fito gidan talabijin mu yi tonon silili, alhali bututun mai na kusan kilomita 2,000 daga Agadem zuwa gaɓar tekun Benin su suka shimfiɗa shi, su kuma ke tafiyar da shi. Bayan an gama ihun, teburin nan dai za a koma, su kuma suna nan da shayinsu.

Kada wanda ya zo mini da maganar wai su biliyan ɗaya da wani abu ne, mu ƙanana ne. Maleshiya ba ta kai Arewa yawan jama'a ba.

Wani abin da ke ba ni takaici ma, tafinta. Gidan rediyon ƙasar Sin tun shekarun 1960 yake watsa shirye-shirye da Hausa, akwai jami'a a Beijing da ake koyar da Hausa, za ka ji Basine da sunan Hausa yana jero karin magana har ka ji kunya. Mu kuwa ɗan kasuwa zai ɗauki miliyoyin mutane ya tafi, tafintan da zai dogara da shi ma'aikacin mai masana'antar ne, ko wani ɗan kamasho da ke karɓa ta gaba yana karɓa ta baya. Suna magana a gabanka kan kuɗinka kana murmushi kana gyaɗa kai. Cibiyar koyon harshensu akwai a Jami'ar Legas, akwai a Awka, 'yan Kudu sun daɗe suna tura yaransu. Ƙanina ya gama sakandare yana zaune a shago yana danna waya, na ce masa ko lissafi da gaisuwa ya koya da harshen ya fi wannan zaman. Don Allah duk wanda ya san mai koyarwa a cikin Kano, na yamma bayan La'asar, wanda ba zai tsawwala kuɗi ba, ya ajiye mini bayani a ƙasa. Ban da masu turo manhajar waya, mun gwada, yaron ƙwallo yake kallo da datar.