Jabal Marra: mafakar da ba a ƙirga mutanenta ba

Mu Hausawan Gadarif da Mai Wurno, lemun Jabal Marra muka fi sani, duk da cewa kakanninmu sun ratsa Darfur a hanyarsu ta Makka. Duwatsun kansu kuwa sai labari.

Jabal Marra tsohon dutse ne mai aman wuta a tsakiyar Darfur, a yammacin Sudan. Ƙololuwarsa, wato Dariba, ta haura mita 3,000, da tafkuna biyu a cikin raminta. Saboda tudu, ana samun ruwan sama da sanyi fiye da filayen da ke kewaye, kuma daga nan kwaruruka irin su Wadi Azum ke gangarawa yamma. Al'ummar Fur sun daɗe suna sassaƙa gangaren hawa-hawa suna noma gero da alkama da lemu, har da tuffa. A Turra da ke cikin duwatsun aka binne da dama daga sarakunansu.

Wannan albarka ce ta jawo wa dutsen nauyin da ya fi ƙarfinsa. Tun yaƙin 2003 mutane ke gudu su hau, da aka sake gwabzawa a Afrilun 2023 sai abin ya ninka. Yawancin yankin yana hannun ƙungiyar 'yan tawaye ta Abdulwahid Nur, ba gwamnati ba, ba kuma RSF ba, wato dakarun da suka soma yaƙi da sojojin Sudan a 2023. Wanda ya tsira da ransa ba ya zaɓen inda zai kafa bukka, ko da ƙarƙashin gangare ne mai zaizayewa.

Ranar 31 ga Agustan 2025, bayan ruwa kamar da bakin ƙwarya, ƙasa ta rufta kan ƙauyen Tarasin. Ƙungiyar Abdulwahid ta ce sama da mutum 1,000 sun rasu, wasu suka musanta, masu agaji kuma sai da jakuna suka isa wurin. Allah Ya jiƙansu. Amma me ya sa ake musu a kan gawa? Domin ba a taɓa ƙirga masu rai yadda ya kamata ba. Ƙidayar ƙarshe ta Sudan a 2008 aka yi, ita ma ba ta shiga yankunan 'yan tawaye da dama ba.

A ganina, ba sai yaƙi ya ƙare za a soma ba. Masu iko da dutsen su bar ƙungiyoyin agaji su yi rajistar mutane ƙauye-ƙauye, a gano gangaren da ke da haɗari, a gyara hanyar da ta haɗa garuruwan Nertiti da Golo kafin damina ta sake kankama.