Barcin shekara guda: abin da littafin Ottessa Moshfegh ya gane game da makoki, da inda ya yi tuntuɓe

A shekarar 2018 marubuciya 'yar Amurka Ottessa Moshfegh ta fitar da ƙagaggen labarinta mai suna My Year of Rest and Relaxation, wato shekarar hutu da shaƙatawa. Labarin wata budurwa ne 'yar shekara 26 a birnin New York, kyakkyawa, mai digiri a tarihin zane-zane daga Jami'ar Columbia, wadda ta gaji dukiyar iyayenta. A tsakiyar watan Yuni na shekarar 2000 ta yanke shawarar rufe ƙofa ta yi barci har tsawon shekara, da fatan za ta farka sabuwar mutum. Littafin yana ba da dariya matuƙa, kuma wannan dariyar ce ta raba masu karatu gida biyu. Wasu na cewa bai dace a yi raha da marainiya mai shan ƙwaya ba. Wasu kuma, musamman a shafukan sada zumunta, sun mayar da shi tutar masu neman hutu daga wahalar duniya. A ganina duka ɓangarorin biyu sun kauce. Dariyar ita ce hanyar da littafin ya bi ya nuna wani irin makoki da mai shi ya ƙi amsa sunansa, kuma ya yi nasara a nan. Inda ya gaza shi ne ƙarshe, da ya bari barcin ya zama magani. Wanda bai karanta ba ya sani zan faɗi yadda labarin ya ƙare.

Mu fara da rashin da aka yi mata. Mahaifinta malamin jami'a ne, ciwon daji ya kashe shi tana ɗaliba. Bayan makonni kaɗan mahaifiyarta, wadda ta daɗe tana shan giya, ta haɗa giyar da ƙwayoyi ta bi shi. Abin da ya sa wannan rashin ya bambanta da wanda aka saba gani a littattafai shi ne iyayen ba su nuna mata ƙauna ba tun suna raye. Uban mutum ne mai nisa da ita ko suna ɗaki ɗaya, uwar kuma mai sanyin zuciya da kaifin harshe. Lokacin da yarinyar ta fi jin kusanci da uwarta shi ne in sun kwanta barci a gado ɗaya. Marubuciyar ta ajiye wannan a cikin labarin ba tare da ta tsaya yin bayani ba, amma duk wanda ya lura zai gane dalilin da ya sa barci, ba wani abu ba, ya zama mafakarta. Wanda ya rasa mai ƙaunarsa yana da abin kuka a kai. Ita kuwa abu biyu ta rasa lokaci guda, mutanen da kuma damar da ta rage ta cewa wata rana za su so ta. Masu ta'aziyya ba su da kalmar da za su faɗa wa irin wannan mai makoki, ita ma ba ta da kalmar da za ta faɗa wa kanta.

To ta yaya ake sa mai karatu dariya a kan irin wannan? Dabarar da ta fi aiki ita ce muryar mai ba da labari. Ita ce ke magana da bakinta daga farko har ƙarshe, ba a ma faɗi sunanta ba, kuma murya ɗaya take amfani da ita ga komai. Yadda za ta lissafa kofi biyu da take saya a shagon Misirawan unguwarsu, haka za ta faɗi mutuwar mahaifiyarta, babu ɗagawa babu saukarwa. Tazarar da ke tsakanin girman abin da aka faɗa da sanyin muryar da ta faɗe shi ita ke haifar da dariyar, kuma ita ce dai ke nuna ciwon. Masu kula da lafiyar ƙwaƙwalwa sun san wannan alamar sarai, mutuwar ji, inda mai rashi zai ba da labarin abin da ya same shi kamar na wani ne. Mai karatu zai yi dariya a layi na farko, a na uku sai ya tarar yana jin nauyin abin da ita ta kasa ji.

Akwai kuma likitarta, Dakta Tuttle, wadda ta samo a littafin lambobin waya saboda ita kaɗai ta ɗauki kira da ƙarfe sha ɗaya na dare. Yarinyar ta yi mata ƙaryar rashin barci, likitar kuma ta riƙa rubuta mata ƙwayoyi ba ƙaƙƙautawa. Sau da yawa takan manta cewa iyayen majinyaciyarta sun rasu, ta sake tambaya, a sake faɗa mata. Wannan maimaici ne irin na masu barkwanci, amma aikin da yake yi babba ne. A duk littafin, wurin da ake tilasta wa yarinyar ta furta cewa iyayenta sun mutu shi ne gaban mutumiyar da ba ta saurare. Likitar da ta san aikinta, tambayar farko da za ta riƙe ke nan: wa ya rasu, yaushe, kuma me ya canza a rayuwarki tun daga ranar?

Sai Reva, ƙawarta tun jami'a, wadda a ganina ita ce zuciyar littafin. Reva tana zuwa ba gayyata, tana surutu, tana karanta littattafan gyaran hali, tana kishin kyawun ƙawarta, tana fama da cin abinci ta amayar. Mahaifiyarta na kwance da ciwon daji, kuma ta rasu a ƙarshen shekarar 2000. Mai ba da labarin tana raina ta a kusan kowane shafi, mu ma mukan taya ta dariya. Amma Reva tana yin abin da ita ta kasa. Tana kuka a gaban mutane, tana neman a rungume ta, tana maimaita maganganun haƙuri da kowa ya sani, kuma ba ta jin kunyar hakan. Babin jana'izar mahaifiyar Reva a Long Island, kusa da birnin New York, ya fi kowane babi ƙarfi. Yarinyar ta farka a cikin jirgin ƙasa sanye da farar rigar gashi da ba ta tuna sayenta ba, a kan hanyar zuwa jana'izar da ta ce ba za ta je ba. A farke ta ƙi ƙawarta, cikin maye kuma ƙafarta ta kai ta. A gidan makokin ne tunanin mutuwar iyayenta ya kwararo mata. Marubuciyar da ke raina baƙin ciki ba za ta iya rubuta wannan babin ba, shi ya sa nake ganin masu zargin littafin da rashin tausayi ba su yi masa adalci ba.

Masu ɗaukarsa a matsayin yabon hutu kuwa, ya kamata su duba kayan da aka gina hutun da su. Gidan nata ne a unguwar masu kuɗi ta Upper East Side. An tsara biyan kuɗin wuta da waya kai tsaye daga banki, ana zuwa karɓar wanki, hayar gidan iyayenta tana shigowa, ga gado. Moshfegh ta lissafa waɗannan dalla-dalla da gangan. Janyewa daga duniya irin wannan sai mai dukiya, kuma dukiyar ce ta kawar da duk abin da kan tilasta wa mai makoki ya tashi, ya yi wanka, ya fita, ya gaisa da wani. Tsohon jigo ne a adabi. Tun 1859 marubucin Rasha Ivan Goncharov ya rubuta Oblomov, labarin mai gonaki da bayi da ya kasa rabuwa da shimfiɗarsa. Bambancin shi ne Goncharov ya bar kwanciyar ta cinye mutuminsa.

Nan ne matsalata da littafin take. A kashi na ƙarshe yarinyar ta dogara kacokan da wata ƙwaya mai suna Infermiterol, wadda marubuciyar ta ƙirƙira, babu ita a duniya. Kowace ɗaya tana ɗauke mata hankali kwana uku. Ta rabar da kayanta, ta sa aka canza makulli ya zama daga waje ake rufewa, ta ba wani mai zane, Ping Xi, mabuɗin domin ya riƙa kawo abinci. Ƙwaya 40, kwana 120. Ranar 1 ga Yuni, 2001 ta farka da sanyin rai, tana jin daɗin zama a lambu, tana kallon mutane da taushin zuciya. Shirin ya yi aiki.

A zahiri ba haka jiki yake ba. Magungunan kwantar da hankali irin su Valium da Xanax, waɗanda take sha a labarin, shawarar likitoci a Birtaniya tun 1988 ita ce kada a wuce mako biyu zuwa huɗu ana shan irinsu, domin jiki yana sabawa, adadin jiya ba ya isa yau. Barcin da suke sawa ma ba cikakke ba ne, suna rage zurfinsa. Haɗa su da giya ko da wasu masu sa maye yana danne numfashi, abin da kan kashe mutum yana kwance. Daina su farat ɗaya bayan an daɗe yana iya jawo farfaɗiya, shi ya sa ake rage su sannu a hankali ƙarƙashin kulawar likita. Yawo da saye-saye cikin barci ba tare da tunawa ba, wanda littafin ya mayar abin dariya, abu ne da ke faruwa. A 2019 hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta sa gargaɗi mafi tsanani a kan maganin barci Ambien da ire-irensa, bayan rahotanni 66 na mutanen da suka yi tafiya ko tuƙi ko wasu abubuwa cikin barci, 20 daga cikinsu suka mutu. Kwanciyar kanta tana da nata lahani. A wani gwaji da aka yi a Dallas a 1966, an kwantar da samari biyar 'yan shekara 20 na mako uku. Da aka sake auna su bayan shekara 30, an tarar mako ukun ya fi raunana ƙarfin zuciya da huhunsu fiye da tsufan shekara 30. Ba a banza ake cewa barci ƙanen mutuwa ba ne.

Zuciya ma haka. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa makokin da ya ƙi ƙarewa a jerin cututtukanta da ya fara aiki a 2022, idan ya wuce wata shida yana hana mutum rayuwa. Ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka ta ce wata 12 ga manya. Daga cikin abin da ke tsawaita shi akwai gujewa: gudun wurare, gudun mutane, gudun tunawa. Gujewar tana kawo sauƙi na yau, sai ƙwaƙwalwa ta koyi cewa tunanin abin tsoro ne, gobe ya dawo da ƙarfinsa. Maganin da likitar ƙwaƙwalwa 'yar Amurka Katherine Shear ta tsara, mai zama 16, kishiyar shirin yarinyar ne. Ana sa mai rashi ya ba da labarin mutuwar da bakinsa, ya saurara, ya maimaita har zafin ya ragu. Yana komawa wuraren da yake gudu ɗaya bayan ɗaya, daga mai sauƙi zuwa mai wuya. Yana zaɓar wani abu da yake so a rayuwarsa ya fara matsawa gare shi, a kuma jawo wani na kusa cikin aikin. A binciken da aka buga a 2005, kashi 51 cikin ɗari sun samu sauƙi da wannan hanya, kashi 28 kuma da maganin zantawa da aka kwatanta ta da shi.

Za a ce ai ƙagaggen labari ne, ba takardar asibiti ba, kuma ƙwayar ƙirƙira tana nuna tatsuniya ake yi. Na yarda marubuci ba ya bin dokar likita. Ƙorafina na adabi ne. Shafi ɗari biyu da wani abu littafin yana nuna mana, cikin gwaninta, cewa abin da ta gudu yana biyo ta har cikin barci: tana farkawa ta tarar ta kira tsohon saurayinta Trevor, ta fita, ta nemi mutane. Sannan a shafuka kaɗan na ƙarshe dokar da littafin ya kafa da kansa ta daina aiki, ba tare da ta fuskanci komai ba. Akwai masu cewa wannan natsuwar ta bogi ce, kuma marubuciyar ta san haka. Ana iya karanta shi haka, sai dai rubutun wurin ya yi taushi da gaske, babu alamar da ta saba bari idan tana so mu yi shakkar mai ba da labarin.

Shafin ƙarshe ya ƙara nauyin tambayar. An mayar da Reva aiki a tagwayen benayen Cibiyar Kasuwanci ta Duniya, kuma ta mutu a harin 11 ga Satumba, 2001. Yarinyar ta naɗi hoton bidiyon wata mata da ta faɗo daga benen, tana ganin kamar Reva ce, tana kallo a kai a kai, tana ganin matar a matsayin wadda take farke da gaske. Tun shafukan farko mai karatu ya san shekarar da ake ciki, ya san abin da ke tafe, kuma wannan sanin yana ba duk barkwancin wani nauyi. Amma sakamakon shi ne mutumiyar da ta yi makokinta a fili, ta nemi mutane, ta yi ta zuwa duba ƙawarta, ita aka kashe, mutuwarta kuma ta zama abin da ke farkar da wadda ta yi barci. Kusan mutum 3,000 suka mutu a ranar, kuma shafi ɗaya ya yi kaɗan ya ɗauki Reva, balle su.